Sai da na so maciya amanar kafin labarin ya tashi

Gaskiya labarin nan ya ba ni wuya, sau uku ina goge shi daga wayata ina sake farawa. Ƙawaye biyu ne, ɗaya ta ci amanar ɗaya a kan namiji, abin da kowa ya sha karantawa. A rubutun farko tun shafi na ɗaya na mai da maciya amanar muguwa, harara, habaici, har da dariyar mugunta wai don a gane ta. Na tura wa yayata ta karanta, abin da ta ce min kawai shi ne "to ai jarumar taki ce wawuya, wa zai saki jiki da wannan?" Wallahi kwana biyu ban kula ta ba saboda haushi, amma dai gaskiyarta ne, in mai karatu bai yarda da mutum ba to wace amana za a ci?

Sai na koma na ba maciya amanar kirki na gaske. Ita ce ta kwana a asibiti kan kujerar roba tana jinyar jarumar, ita ke rufa mata asiri, kuma ranar da ta fara zamewa ba da niyya ba ne, saƙo ɗaya ne daga namijin ya shigo mata da dare ta ce bari ta amsa don kar ya ga ta yi wulaƙanci. Ina rubuta wurin nan ina jin tausayinta, abin har ya ɗan ba ni tsoro.

Wajen sha'awa na fi shan wahala, don da na ɗauka sai an yi ta zayyana jiki da bugun zuciya, na rubuta shafi biyu na karanta ni kaina kunya ta kama ni, kuma babu abin da ya motsa. Ƙissar Annabi Yusuf (AS) ce ta buɗe min ido, sura ta 12 mai ayoyi 111, ga cin amanar 'yan'uwa ga jarabawar matar Azizu duk a ciki, kuma dubi yadda riga ke dawowa har sau uku: an kawo ta da jinin ƙarya, an yage ta ta baya, an jefa ta a fuskar mahaifinsa ganinsa ya dawo. Yagewar nan ta baya kaɗai ta isa ta nuna wanda ya gudu da wadda ta bi. Sai na goge shafukan nan biyu na bar turare kawai, ƙawar ta koma shafa wanda namijin ya taɓa yabawa a gabansu, shikenan.

Ƙarshen ma da kuka na shirya shi da mari da tonon silili. Na cire. Yanzu jarumar ta rungume ƙawarta a bakin ƙofa ta shaƙi turaren nan ta gane komai, yarinyar da tun farkon labari ba ta iya ɓoye ko abu kaɗan a fuskarta, sai ta yi murmushi ta ce "sannu da zuwa, ya gajiya?" ta ja mata kujera. Ƙaryarta ta farko kenan a labarin, kuma ta iya ta sosai.

Yayata ta kira ni wajen sha ɗaya na dare bayan ta gama, ba ko sallama, wai me ya sa na bari yarinyar nan ta koyi haka.