Shirun Pardee

Laraba. Babu wuta tun asuba. Auta ta ɓatar da takalmin makaranta ƙafa ɗaya, sai a bayan randa aka gano shi, muka fita muna ta dariya.

Amma wunin nan wani Ba'amurke da ya rasu tun 1960 ne ya tsaya mini a rai. Ina haɗa darasin zamanin ƙanƙara na sake bi ta kan Joseph Pardee, ma'aikacin hukumar binciken ƙasa ta Amurka. Shi ya rubuta a 1910 cewa layukan nan da ke kwance a jikin tsaunukan garin Missoula, a jihar Montana, gaɓar wani tsohon tafki ce. Ƙanƙara ta gangaro daga Kanada ta toshe kogin Clark Fork a arewacin Idaho, ruwa ya taru har zurfinsa a bakin toshiyar ya kai wajen mita 600.

A 1923 J Harlen Bretz na Jami'ar Chicago ya ce wata gagarumar ambaliya ce ta kwashe ƙasar gabashin jihar Washington, ta bar dutse tsirara da busassun kwazazzabai. Manyan masana ilimin ƙasa suka ce to, daga ina ruwan? A 1927 suka kira shi taro a birnin Washington, suka yi masa ca. Pardee na cikin zauren. Tun 1925 ya rubuta wa Bretz wasiƙa yana nuna masa cewa tafkin nan zai iya zama tushen ruwan, amma ran nan bai miƙe ya tare masa ba. Sai a 1940, a wani taro a Seattle, ya fito da hujjarsa.

Bayan magariba na kwashe labarin na faɗa wa Abbansu, raina a ɓace. Na ce mutum ya san gaskiya, ana wulaƙanta ɗan'uwansa a gabansa, ya yi gum?

Ya ajiye kofin shayi ya ce, "Maman Auta, wa ke jagorantar sukar? Ba manyansa na ofis ba? Baki shi ke yanka wuya."

Na ce wannan ai tsoro ne.

Ya ce, "To ki tsaya. Sanin akwai tafki daban, tabbatar da cewa ya fashe lokaci guda daban. Me ke hannunsa a ranar?"

Nan na yi shiru, don tambayar ta yi nauyi. Abin da Pardee ya kawo a 1940 tuddan tsakuwa ne na Camas Prairie, wani fili a Montana da tafkin ya taɓa rufewa, jere reras kamar kunyoyin gona, sai dai wasu sun fi gidan bene tsawo. Ruwa mai zurfi da gudun tsiya kaɗai ke iya tara tsakuwa haka, wato tafkin ya zube cikin 'yan kwanaki. Kuma Bretz kansa bai yi saurin kama zancen wasiƙar ba.

Duk da haka zuciyata ba ta kwanta ba. Shekara 13 tsakanin taron nan da wancan! Ko cewa ya yi, "Jama'a, akwai ruwa a Montana, a je a duba," ai da ya rage wa Bretz zafi. Ina girmama haƙurinsa da tsantseninsa ƙwarai, ina kuma jin ciwon shirunsa. Bretz ya karɓi lambar Penrose, babbar lambar yabo ta masana ilimin ƙasa a Amurka, a 1979 yana da shekara 96. Pardee bai ga ranar ba.

Ƙafar Umma da sauƙi, alhamdulillahi. Gas ya kusa ƙarewa.

Gobe zan ba 'yan ajina labarin yadda yake, in tambaye su da su ne a zauren me za su yi.