Hannun Kawu a bayan Kyalla

Sai yanzu da yara suka yi barci na samu zama. Ɗaki ba ya shiguwa don zafin bazarar nan, a tsakar gida nake kan tabarma.

Da hantsi Kawu ya leƙo aron manjagara, ni kuwa na ja shi garke ya ga ragon layyata, Balamin nan da na sayo wata Alhamis a Maigatari. Ina ta zuba: dusa safe da yamma, harawar wake, har ƙuli nake jiƙa masa. Kawu ya ce masha Allah, ya wuce wajen tumaki. Ya kama Kyalla, ya ɗora tafin hannu a gadon bayanta, tsakanin haƙarƙarin ƙarshe da kwankwaso, ya danna.

"Zo ka taɓa."

Na taɓa. Ƙashin baya tsaye kamar haƙoran zarto, babu tsoka ko ta gefe ɗaya.

"Kawu, ai ga cikinta nan tulu guda."

"Cikin na 'ya'ya ne, ɗan nan, ba nata ba. Yaushe rago ya hau ta?"

Muka lissafa, wata uku da rabi. Tunkiya wata 5 take yi, kuma a sati 6 na ƙarshe ne 'ya'yan ke yin yawancin girmansu. Ya ce a lokacin suna matse mata tumbi, ba ta iya cin karan dawa da yawa, ga shi karan ba wani ƙarfi gare shi ba, sai ta koma cin jikinta. In tagwaye ne abin ya fi muni. Ko ta kwanta kafin haihuwa, ko ta haife su kamar ɓeraye, hantsa ba dakashi. Ya janye fatar idonta ta ƙasa, fari fat maimakon ja, ya ce in kira malamin dabbobi ya ba ta maganin tsutsar ciki wanda mai ciki za ta iya sha. Dusa kuma kada in jibga mata lokaci guda, cikinta zai lalace. Kaɗan-kaɗan, da harawar gyaɗa, a kwanonta ita kaɗai don manyan na ture ta. Ba kuma a so ta yi kitse, mai kitse ma wahalar haihuwa take sha.

Duk wannan na ɗauka. Abin da ya tsaya min shi ne da zai fita ya ce, "Kana kiwon na yini ɗaya, ka bar mai haifa maka raguna." A gaban Maman Auta ya faɗa, ita da ta yi min maganar nan tun hunturu na ce ta cika mita. Ba ta ce uffan ba, ta ci gaba da tankaɗe. Wallahi da ta yi magana da ya fi min sauƙi. Kyallar ma tata ce, da kuɗin adashenta ta saye ta.

Azahar, faci a tayar babur. La'asar, gona, ban share ko kunya biyar ba.

Bayan isha na ɗauki tocila na bi su ɗaya bayan ɗaya ina dannawa. Biyu da dama-dama, uku duk labarin ɗaya ne, tsohuwar ma haƙoran gaba sun fara zubewa ban sani ba. Na raba dusar daren gida biyu. Balami ya lashe rabonsa, har yanzu yana can yana dukan turke yana kuka.