Godiya ga duk wanda ya tako taɓo ya zo zaman tunawa da Fatima Ahmad Ibrahim

Assalamu alaikum jama'ar unguwa da 'yan uwa na nesa.

Alhamdu lillahi, zaman da muka yi ranar 12 ga Agusta a nan Gadarif, ƙasar Sudan, ya tashi lafiya. Wanda ya san garin nan da damina ya san abin da nake nufi idan na ce an yi ruwa daren jajibiri. Da safe rakša, wato keke mai ƙafa uku, ba ta iya shiga layinmu, taɓo ya kai idon sawu, ni kaina na fid da rai. Sai ga mata bayan la'asar, takalma a hannu, bakin tobi (lafayar matan Sudan) a tattare, har rumfar ta kasa ɗaukarmu. Allah ya saka wa kowacce da alheri.

Ga waɗanda ba su san mafarin abin ba: tun da yaƙi ya koro mu daga Madani a Disambar 2023 nake koyar da 'yan mata darasin yamma a gidan Yaya. Wata rana na tambaye su wace mace ce ta fara shiga majalisar dokokin Sudan. Su 23, babu wadda ta san Fatima Ahmad Ibrahim ce. Abin ya tsaya min a rai kwana da kwanaki, domin akwai masu son zama likita a cikinsu, akwai mai son aikin lauya, kuma ba su san wadda ta share musu hanya ba.

Babbar godiyata ga Habboba ce, tsohuwar malamar makarantar da ke maƙwabtaka da mu. Da ƙyar take takawa, jikokinta biyu suka riƙo ta, aka shimfiɗa mata angarib, gadon igiya, a gaba. Ni na tanadi takarda cike da shekaru: an kafa Ƙungiyar Matan Sudan a 1952 da Fatima cikin waɗanda suka kafa ta, ta fito da mujallar Sautul Mar'a a 1955, juyin Oktoba na 1964 ya kawo wa mata 'yancin zaɓe da na tsayawa takara, ita kuma ta ci kujera a 1965 ta mazaɓun masu ilimi. Na karanta, yara suna gyaɗa kai kawai. Da Habboba ta karɓi magana sai wuri ya yi tsit. Ta ce ranar da aka ɗaura mata aure, a ranar aka mayar da ita 'yar mushahara, wato aikin wata-wata, babu fansho, kuma albashinta bai kai na malamin da ke ajin kusa da nata ba alhali allo ɗaya suke rubutu. Ta kwance bakin tobinta ta fito da tsohuwar takardar fanshonta, duk ta yi ja ta tsage a lanƙwasa, ta miƙa wa yarinyar da ke kusa da ita ta ce, "'Yata, riƙe ki gani. Wannan matar ce da 'yan uwanta suka samo min ita." Takardar nan sai da ta zaga hannun kowa. Habboba, ba mu da abin biyanki, Allah ya ƙara miki lafiya da nisan kwana.

Ita ce kuma ta yi bayanin baitul ɗa'a, lokacin da ɗan sanda ke iya tasa matar da ta yi yaji a gaba ya mayar da ita ɗakin miji da ƙarfi. Inna da ke zaune a baya ta ce ita ta gani da idonta tana yarinya. Yaran sun ɗauka tatsuniya ce.

Baba Liman, na gode ƙwarai. Na san an zo an same ka an ce za mu yi taron 'yar kwaminis, kuma gaskiya ne Fatima 'yar wannan jam'iyyar ce, ban ɓoye wa kowa ba. Ka kira ni ka saurare ni, ka ce alheri a faɗe shi ko daga ina ya fito, sannan ka ba mu aron tabarmin masallaci. Ni ma ba duk ra'ayinta na siyasa nake bi ba. Amma matar da aka rataye mijinta Shafi'u Ahmad Shaikh, shugaban ƙwadago, a 1971 zamanin shugaban ƙasa Numairi, aka tsare ta a gida, ta yi gudun hijira zuwa Landan a 1990, ta dawo a 2005 ta sake zama a majalisa da furfurarta, ta cancanci 'ya'yanmu su san sunanta. Mu da muka baro gidajenmu da kayan jikinmu kawai, zancen hijirarta ya taɓa mu fiye da yadda na zata. Ta rasu a Landan ranar 12 ga Agustan 2017, aka kawo gawarta gida. Allah ya jiƙanta.

Yaya da matarsa sun ba da tsakar gida da rumfa ba tare da an roƙa sau biyu ba. Goggo ta tashi tun asuba tana suyar zalabiya (soyayyen ƙullin fulawa), ta kuma tsaya a kan jabana, wato dafa gahawa, har magariba, hayaƙin gawayi na shiga mata ido. Samarin layi sun jera duwatsu a bakin ƙofa don tsofaffi su samu wurin taka ƙafa. 'Yan uwa na Jidda da Makka da suka turo gudummawa ta manhajar banki ta Bankak, da ita muka sayi sukari da gawayi da littattafan rubutu 23, na rubuta lissafin duka ga mai son gani. Da wuta ta ɗauke, mai shagon kwana ya kawo fitilar sola biyu bai karɓi ko fam ɗaya ba.

'Yan matana kuma, na gode da kuka tsaya gaban iyayenku kuka karanta abin da kuka rubuta, wasu da Larabci wasu da Hausa. Ƙaramar cikinku da ta tambayi ko Bahaushiya daga Mai Wurno ko Gadarif za ta iya zama a wannan kujerar, kin ji amsar da Habboba ta ba ki a gaban kowa, ki riƙe ta.

Wanda na manta ban ambata ba ya yafe min. An bar farin tobi ɗaya da butar shayi mai murfin ja a gidan Yaya, mai su ta aiko a karɓa. Tabarmin masallaci kuma muna shanya su, gobe in sha Allahu kafin azahar za a mayar.