Kwanan wata a jikin gorar kunun aya

Shekara shida ke nan ina sana'ar zoɓo da kunun aya daga gida, ina kai wa shaguna uku a unguwarmu. Da na fara, abin da na sani kawai shi ne ya yi daɗi, ya yi sanyi. Gora kuwa, duk wadda yara suka tsinto sai a wanke da omo a ɗura.

Abin da ya faru a nan Kano a watan Maris na 2021 ne ya tayar min da hankali. Ɗaruruwan mutane aka kwantar a asibiti bayan sun sha lemon haɗi, wasu suna fitsarin jini, wasu kuma suka riga mu gidan gaskiya. Da hukumar NAFDAC ta bincika, sai ta gano wani garin da ake sayarwa da sunan ɗan tsami ba ɗan tsami ba ne, sinadari ne mai guba. Ranar da na ji a rediyo na janyo kwandon kayan haɗina, sai ga ƙulli uku na farin gari a leda, ba suna, ba kwanan wata. Wallahi ban san ko mene ne a ciki ba, na dai yarda da bakin mai sayarwa. Masai na zuba su, hannuna yana rawa.

Tun daga ranar, duk abin da zai shiga tukunyata sai na juya bayansa na karanta: sunan kamfani da adireshinsa, lambar rajistar NAFDAC, abubuwan da aka haɗa, ranar da aka yi shi da ranar da zai lalace. In na ga an kankare kwanan wata, ko an manna wata takarda a kai, ko kyauta aka ba ni ba na ɗauka.

Amma gyaran da ya fi min wuya nawa ne na kaina. Kunun aya ba ya da haƙuri. Ma'aikatan lafiya suna cewa abin sha irin wannan a ajiye shi a sanyin da bai haura digiri 5 ba, dafaffen abinci kuma kada ya wuce awa 2 a waje. To, ga wutarmu yadda take. A ɗauke ta da azahar, kunu ya huce a firij, a dawo da ita da daddare ya sake yin sanyi, mai saye ya taɓa gora ya ji ƙarau, bai san abin da ya wakana a ciki ba. Wata rana wata baiwar Allah ta yi sallama a gidana, ɗanta ya kwana yana gudawa. Da na bi sawu, ashe gorar ta kwana uku a shago. Har yau in na tuna fuskar matar nan sai gabana ya faɗi.

Yanzu sababbin goruna nake saya, ina manna wa kowace ƙaramar takarda: sunan abin, ranar da na yi shi, lambar wayata, da "a ajiye a sanyi". Kunun da ya kwana na kwashe abina, asarar tawa ce. Wani mai shago ya ce min, "Hajiya, wa zai tsaya karanta wannan?" Na ce, "Malam, ko kai kaɗai ka karanta ya wadatar, tunda kai ne kake miƙa wa yaran mutane."

Rajistar NAFDAC ce ban yi ba tukuna. Sai sun zo sun duba wurin da ake aikin, ni kuwa har yanzu a kicin ɗin gida nake. Adashin da zan ɗauka bayan salla, ɗakin zaure zan gyara da shi, a sa tayil da famfo da ragar ƙuda a taga.