Darussan da aikin rage raƙuman dawa na Ostareliya ya bari

Kuskuren da ya fi ƙona ran masu wannan aiki shi ne na ƙidaya. A 2008 aka ce raƙuman dawa a Ostareliya sun kai miliyan ɗaya, suna kuma ninkawa duk shekara 8 zuwa 10. Da wannan lissafi gwamnatin tarayya ta ware dalar ƙasar miliyan 19, aka soma shirin rage su a 2009. Ko da aka rufe shi a 2013 an kawar da kusan 160,000, yawanci ta hanyar harbi daga helikwafta, sabon lissafi kuma ya nuna tun farko wajen 600,000 ne.

Ga inda gizo ke saƙar. Jirgin saman da ke ƙidaya siririn layi yake bi a hamada, sauran filin kuwa kintace ne. Aka haɗa tsoffin ƙidayoyi na shekaru daban-daban, aka ɗora musu lissafin haihuwa, sai adadi ya kumbura. Masu ofis suka riƙe miliyan ɗin. Yawan raƙuma a bakin kowane ruwa, shi ya kamata a auna, domin a can ɓarnar take.

Fari ne ke tara su. A 2009 raƙuma kusan 6,000 suka afka wa ƙauyen Docker River, suna fasa famfo da tankuna, har na'urar sanyaya ɗaki suke ɓallewa don ɗigon ruwanta. Waɗanda suka mutu a turmutsutsun tafki gawarsu ta ɓata ruwan da 'yan asalin ƙasar ke girmamawa. Da aka yi ruwan sama mai yawa a 2010 da 2011 sai garkuna suka watse, helikwafta ta yi ta shan mai a banza.

Dabarar gano garke ita ce a sa wa taguwa ɗaya abin wuya mai nuna inda take, ita za ta kai ka ga garke. 

Mai zuwa kasuwar raƙuma a Agadas zai ce harbe su asarar nama ce, kuma da gaskiyarsa. Sai dai kora su cikin garka da jigilarsu ɗaruruwan kilomita zuwa mahauta kan cinye ribar. Aka saki jiki bayan 2013, a Janairun 2020 sai da aka sake harbe sama da 5,000 a APY, yankin 'yan asalin ƙasar da ke jihar Kudancin Ostareliya, cikin kwana biyar.