Dalar gyada a wayar ƙanena

Jiya bayan isha'i, a ƙofar gidanmu a Ringim, ƙanena ya kunna wa Baffa wani shirin tarihi a waya. Aka nuno dalar gyada ta Kano, ga 'yan dako da buhuna a ka. Baffa ya ce, "Ɗan mayar da shi baya." Sai ya shiga faɗa mana yadda suke kai gyadarsu tashar jirgin ƙasa, layin Nguru.

Wallahi masu tono tsofaffin hotunan nan sun ci a yaba musu. Wani ne ya zauna yana dubawa ɗaya bayan ɗaya, ya tabbatar da gari da shekara, ya nemi izinin masu shi, galibi da kuɗi. British Pathé, wani tsohon kamfanin finafinan labarai na Ingila, shi kaɗai ya zuba finafinai kusan 85,000 a YouTube a 2014, har da zuwan Sarauniyar Ingila Najeriya a 1956.

Abin da ke ci mini rai, Turawa ne suka riƙe kyamarar. Sarki da dawaki suka fi ɗauka, manomi ya gifta ko suna babu. Don Allah duk mai tsohon kaset ɗin biki ko hawan sallah a gida, a mayar da shi kwamfuta kafin zafi ya lalata shi.