Mangwaron Aure: Yadda Muke Rage Wa Manomi Shekarun Jira

Wanda ya shuka ƙwallon mangwaro yakan jira shekara 6 zuwa 8 kafin ya ga 'ya'ya, wani lokaci ma fiye. In kuwa ƙwallon ingantaccen iri ne kamar Kent ko Julie, ba shi da tabbacin abin da zai fito ya yi kama da wanda ya sha. Dashen aure, wato wanda aka haɗa reshen iri mai kyau da gindin wani mangwaro, shi a shekara ta 3 ko ta 4 ake fara cire masa 'ya'ya. Reshen da muke yankowa daga tsohuwar bishiya ya riga ya balaga a jikin uwarsa, kuma ɗora shi a kan ɗanyen gindi ba ya mayar da shi yaro. Gindin bai cika shekara ba, amma kansa yana ɗauke da girman bishiyar da ta shekara 20 tana haihuwa. Aikin gandunmu ke nan, shekaru muke sayarwa a cikin baƙar leda. Shi ya sa duk mai wannan sana'a ransa ba zai so ba idan aka taya masa dashen aure da kuɗin tsiron bakin titi.

Daga gindi ake farawa. Ƙwallon mangwaron gida muke tarawa, mai gashin nan da yara ke tsotsa, domin saiwarsa ta saba da ƙasarmu da dogon raninmu. Ƙwallon mangwaro ba ya ajiyuwa, in ya yi 'yan makonni da cirewa yawanci ya mutu. Ana wanke shi, a shanya a inuwa kwana 1 ko 2, a fasa ɓawon da wuƙa a hankali a zaro ɗan cikin, a zubar da duk wanda ya yi baƙi ko ƙwaro ya taɓa. Leda mai faɗin santimita 15 da tsawon 25 ta isa, a huda ƙasanta. Haɗin ƙasa kuwa kashi 2 na ƙasar saman gona, kashi 1 na yashi, kashi 1 na takin da ya ruɓe sarai. Ɗanyen kashin kaji ƙone saiwa yake yi, ba ma kusantarsa. Cikin mako 2 zuwa 3 zai tsiro, sau da yawa tsiro uku ko huɗu daga ƙwallo guda, sai a bar mai ƙarfi a cire sauran. Daga nan sai ban ruwa da haƙuri har kara ya kai kaurin fensir, wata 8 zuwa shekara guda.

Zaɓen reshe shi ne inda gwani ke bambanta da mai kwaikwayo. Ba kowane reshe ake yanka ba. Ana neman ƙarshen reshe wanda ganyensa ya gama ja ya koma kore shar, idanunsa sun kumbura amma ba su fashe ba, daga bishiyar da aka san 'ya'yanta, aka sha, aka tabbatar ba ta da cuta. Kwana 7 zuwa 10 kafin yanka, sai a je a tsinke ganyen a bar guntun hannayensu. Idan aka dawo aka taɓa hannayen suka zube da kansu, reshen ya shirya. Mai gaggawa yana tsallake wannan, shi ya sa rabin aikinsa ke bushewa. A yanko tsawon santimita 10 zuwa 15 da sassafe, a naɗe a jiƙaƙƙen buhu, a yi aiki da shi a ranar.

Sai aure kansa. A datse gindin a tsayin santimita 20 zuwa 30 daga ƙasa, a bar masa ganye kaɗan a ƙasan yankan. A tsaga shi ta tsakiya zurfin santimita 3 zuwa 4. A fere gindin reshen gefe biyu, kowane gefe da jan wuƙa guda, ba a sassaƙa ba, domin fuska mai tudu da kwari ba ta manne. Kada yatsa ya taɓa wurin da aka fere. A cusa cikin tsagar, ɓawo ya dace da ɓawo. Ƙarƙashin ɓawon akwai wani siririn layi mai danshi, a nan rai yake, a nan kuma biyun ke haɗuwa. Idan reshen ya fi gindin siranta, a ja shi gefe ɗaya ya daidaita, kada a bar shi tsakiya yana lilo. A ɗaure da zirin leda mai faɗin santimita 2 daga ƙasa zuwa sama, tam, yadda ruwa ba zai shiga ba, sannan a kifa masa farar ledar ƙanƙara don riƙe danshi. Wuƙa kuwa dole ta aske gashin hannu, a riƙa goge ta da sifirit tsakanin bishiya da bishiya.

A inuwa ake jera su, wadda rana ke ɗan ratsawa. Mako 2 zuwa 3 idanu za su fashe, sai a cire hular ledar, in an bar ta sabon toho dahuwa zai yi. Ɗaurin sai bayan wata 2, amma kada a manta da shi har ya shaƙe kara. Duk tsiron da ya fito ƙasan aure a murje shi tun yana ƙarami, in ba haka ba gindi zai ƙwace abinci reshen ya mutu, a tashi da mangwaron gida ba a sani ba.

Lokaci ma yana da nasa hukunci. Iskar hunturu busar da yanka take yi kafin ya kama, zafin Maris da Afrilu kuma dafa shi yake yi a cikin leda. Farkon damina, Yuni da Yuli, ya fi mana kyau, sai kuma Satumba. Ruwan Agusta yana kawo ruɓa.

Abin da ke ƙona rai shi ne masu yi wa tsiron ƙwallo ɗan tsaga a jiki, su naɗa leda, su ce aure ne. Mai saye ba zai gane ba sai bayan shekara 5 yana ɗibar ruwa. Kuɗinsa ba su ne babbar asara ba, shekarun ne, kuma babu mai biyansa su. Duk inda za ku saya, ku ce a kwance ɗaurin. Auren gaskiya yana barin tabo mai ƙahoni biyu da ɗan kumburi, launin ɓawon sama kuma ya bambanta da na ƙasa. Ku tambayi sunan iri da inda uwar take. Mu uwayen dashenmu suna nan tsaye a gandu, mai so ya zo lokacin 'ya'ya ya ɗanɗana kafin ya zaɓa. Mai neman ƙarin ilimi kuma akwai reshen NIHORT, cibiyar binciken kayan lambu da itatuwan marmari ta ƙasa, a Bagauda, jihar Kano.

Wajen dasawa, rami santimita 60 faɗi da zurfi, tazara mita 10, wato bishiya 100 a hekta. Wurin auren ya kasance sama da ƙasa, kada a binne shi. A sa ido kan gara a rani na farko. Dashen zai iya yin fure tun shekararsa ta farko saboda tsufan da ke kansa, kuma a nan ne masu gona ke ƙin jin magana. A tsinke furen shekara 2 na farko, ƙaramar bishiya da aka bari ta ɗauki 'ya'ya tsumburewa take yi. Mai son cin kasuwa ya haɗa iri mai saurin nuna da Keitt, wanda ke nuna bayan sauran sun ƙare.

Tsohuwar bishiyar da ba a son 'ya'yanta ma ba sai an sare ta ba. Muna datse manyan rassanta, a shafe wurin yankan, a jira sabbin tsiro su kai kaurin fensir, sannan a aura musu irin da ake so. Da yake saiwar ta riga ta yi nisa, cikin shekara 2 zuwa 3 take komawa haihuwa. Mai son wannan aiki ya yi mana magana tun ƙarshen rani, don datsewar ta riga ruwan farko.